Baraden Sama Na Jamus: Sarkin Yawa Ya Fi Sarkin Ƙarfi

Gabatarwa

Duk wanda ya buɗe littattafan tarihin yaƙe-yaƙen duniya guda biyu, ya zo kan babin yaƙin sama, akwai wasu lambobi da ba makawa sai ya ci karo da su, wato 80, da 158, da 275, da 301, da kuma 352. Waɗannan lambobi, ya kai mai karatu, adadin jiragen abokan gaba ne da aka rubuta cewa wasu matuƙa 'yan ƙasar Jamus sun harbo, kowane da nasa. Idan aka gwada su da na sauran ƙasashe sai abin ya ba da mamaki, domin kuwa gwanin Rasha, Ivan Kozhedub, jirage 60 da 'yan kai ya harbo. Gwanin Amurka, Richard Bong, 40 ya samu. Shi kuwa Johnnie Johnson na Ingila ko 40 ɗin ma bai kai ba. Amma a Yaƙin Duniya na Biyu kaɗai, Jamusawa fiye da 100 ne kowannensu ya haye jirgi 100.

To, tambayar da mai hankali zai yi ita ce, in har gwanayen sama duk a Jamus suka taru, yaya aka yi Jamus ta sha kashi a yaƙe-yaƙen nan biyu, har a ƙarshe jiragen abokan gaba suka riƙa shawagi a kan biranenta da rana tsaka? Wannan maƙala za ta bi tarihin wasu daga cikin mutanen nan, don mu ga yadda aka tara lambobin, da abin da aka biya kafin a tara su. Za mu tarar akwai gwaninta ta gaske a ciki, sai dai kuma za mu ga halin ƙasar da ta ɗauko yaƙin da ya fi ƙarfinta, ta rasa waɗanda za su karɓi 'ya'yanta su huta, ta bar su suna ta tashi har mutuwa ta riske su.

Yadda Farauta Ta Koma Sama

Lokacin da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke a shekarar 1914, jirgin sama bai wuce shekara 11 da ƙirƙirowa ba. Na katako ne da zane, kuma aikinsa leƙen asiri: a tashi a gano inda abokan gaba suka ja daga, a dawo a gaya wa masu igwa. Da kowane ɓangare ya gane irin ɓarnar da wannan leƙe ke yi masa, sai aka shiga neman hanyar makantar da abokin gaba. Da farko matuƙa suka riƙa harbin juna da ƙananan bindigogin hannu. Abin da ya fi dacewa shi ne a kafa bindiga mai ruwa a hancin jirgi, matuƙi ya saita ta da jirgin gaba ɗaya, amma matsalar ita ce farfela tana juyi a gaban bakin bindigar, mutum na iya harbe tasa farfelar da kansa.

A watan Afrilu na 1915 wani Bafaranshe mai suna Roland Garros ya liƙa ƙarfe a jikin farfelarsa don harsashin da ya same ta ya zame. Bai daɗe ba jirginsa ya sauka a yankin Jamusawa suka kama shi. Kamfanin Anthony Fokker, wani ɗan ƙasar Holan da ke ƙera wa Jamus jirage, ya fito da dabarar da ta fi wannan, wato na'urar da ke haɗa bindiga da inji, ta yadda ba za ta tashi ba sai farfela ta kauce. Daga tsakiyar 1915 aka samu jirgin da ba shi da wani aiki sai harbo ɗan'uwansa. Jamusawa suka sa masa suna jirgin farauta, mai tuƙa shi kuwa matuƙin farauta, kuma da wannan suna za mu ci gaba da kiran su a nan.

Faransawa ne suka fara yi wa wanda ya harbo jirage da dama laƙabi da sunan katin da ya fi kowane daraja a wasan karta, daga baya aka tsayar da cewa jirage 5 ne mizani. Dalilin wannan ɗaukaka a fili yake. A ƙasa, sojoji miliyoyi ne ke kwance cikin ramuka da taɓo, suna mutuwa dubu-dubu ba wanda ya san sunansu. Gwamnatoci na bukatar fuskar da za su nuna wa jama'a, sai ga saurayi shi kaɗai a sama, ana iya ƙirga abin da ya kashe. A Jamus har katunan hotunansu aka riƙa bugawa ana sayarwa.

Boelcke, Malamin Mafarauta

Mutum biyu ne suka fara yin suna, Max Immelmann da Oswald Boelcke. A watan Janairu na 1916 aka ba su lambar girma mafi daraja ta ƙasar, alhali kowannensu jirage 8 ya harbo. Immelmann ya mutu a watan Yuni na wannan shekara. Shi kuwa Boelcke, abin da ya bambanta shi da saura shi ne ya zauna ya tsara ƙa'idoji 8 don koyar da na baya. Daga cikinsu akwai cewa matuƙi ya nemi fifiko tun kafin ya kai hari, ya sa rana a bayansa don ta kashe wa abokin gaba ido, ya zo ta baya, kada ya yi harbi sai ya matso kusa, kada ya manta da hanyar komawa gida in ya ƙetare iyaka, kuma a kai hari a ƙungiya, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

A watan Agusta na 1916 aka ba shi damar kafa ƙungiyarsa, ya zaɓi mutanensa da kansa. Wata biyu bayan haka, ranar 28 ga Oktoba, ana cikin artabu jirgin wani abokinsa, Erwin Böhme, ya gogi nasa, fiffike ya yage, ya faɗo ya mutu. Yana da shekara 25 da jirage 40. Matuƙan Ingila suka zo suka jefo furanni a yankin Jamusawa don girmama shi.

Jan Basarake

Cikin samarin da Boelcke ya zaɓa akwai Manfred von Richthofen, ɗan gidan sarauta da aka haifa a 1892 kusa da birnin Breslau, wanda yanzu yake cikin ƙasar Folan. Asalinsa sojan doki ne, kuma maharbi tun yana yaro. Da ya ga ramuka da waya mai ƙaya sun kashe kasuwar doki, sai ya nemi a mayar da shi sojan sama a 1915. Ya harbo jirginsa na farko da aka tabbatar ranar 17 ga Satumba, 1916. Daga nan ya sa wani maƙerin azurfa a birnin Balin ya riƙa ƙera masa ɗan ƙaramin kofi a kan kowane jirgi da ya harbo. Sai da kofuna suka kai 60 sannan aka tsaya, saboda azurfa ta yi wuya a Jamus sakamakon toshe mata hanyoyin teku da Ingila ta yi. Wannan ɗan labari ya isa ya nuna inda yaƙin ya dosa: gwani na ta ci a sama, ƙasa kuwa tana ta tsiyacewa.

A farkon 1917 ya zama shugaban ƙungiya, ya shafa wa jirginsa jan fenti, inda ya samo laƙabin da duniya ta san shi da shi, mai ma'anar Jan Basarake. A watan Afrilu na wannan shekara Ingila ta yi asarar jirage fiye da 240, shi kaɗai ya harbo fiye da 20 a ciki. Hukumar soja ta sa ya rubuta tarihin rayuwarsa, aka tace, aka buga don ƙarfafa wa jama'a gwiwa. A watan Yuli harsashi ya same shi a kai, ya warke amma ciwon kai bai rabu da shi ba, kuma ya ƙi yarda a ajiye shi a ofis.

Ranar 21 ga Afrilu, 1918, yana da jirage 80, ya bi wani sabon matuƙi ɗan Kanada, ya yi ƙasa-ƙasa har cikin yankin abokan gaba kusa da kogin Somme a Faransa, wato ya karya ƙa'idar malaminsa. Harsashi ɗaya ya ratsa masa ƙirji. A lokacin an ba wani matuƙi, Roy Brown, yabon kisan, amma yawancin masu bincike na ganin sojojin Ostireliya ne suka same shi daga ƙasa. Su ne kuma suka binne shi da faretin girmamawa. Shi ma shekararsa 25. Wanda ya riƙe rundunarsa a ƙarshen yaƙin shi ne Hermann Göring, mutumin da daga baya ya zama na hannun daman Hitila kuma shugaban sojan samansa.

Daga Sifen Zuwa Ingila

Yarjejeniyar Versailles ta 1919 ta hana Jamus mallakar sojan sama. Amma a asirce ta ci gaba da horar da matuƙa, har da wata makaranta a garin Lipetsk na Rasha daga 1925 zuwa 1933. A 1935 Hitila ya fito fili ya bayyana rundunar Luftwaffe. Fagen gwajinta na farko shi ne yaƙin basasar Sifen na 1936 zuwa 1939, inda Jamus ta taimaki Janar Franco. A can ne jiragen Jamus da na Italiya suka yi wa garin Guernica ruwan bama-bamai ranar 26 ga Afrilu, 1937.

A Sifen ɗin ne Werner Mölders ya harbo jirage 14, kuma ya inganta tsarin tashi bibbiyu: shugaba a gaba, aikinsa harbi, mataimaki a baya, aikinsa tsaron bayan shugaba. Bibbiyu guda biyu su haɗu su zama huɗu, a baje kamar yatsun hannu. Tsarin ya yi kyau ƙwarai har Ingila da Amurka suka kwaikwaya. Sai dai mai karatu ya lura da shi, domin yana cikin sirrin manyan lambobin nan.

A 1940 Jamus ta nemi murƙushe sojan saman Ingila. Jirginta na farauta, Messerschmitt 109, bai da isasshen mai, in ya isa Landan 'yan mintoci kaɗan yake iya yi ya juya. A wannan lokaci jaridun Jamus sun mai da hankali kan tsere tsakanin Mölders da Adolf Galland da Helmut Wick, kowa na jiran ya ji wa ke gaba. Wick ya kai 56, aka harbo shi a teku a watan Nuwamba, ba a ga gawarsa ba. Jamus kuwa ta yi asarar jirage wajen 1,700, ta fasa mamaye Ingila.

Mölders ne mutum na farko a tarihi da ya kai jirgi 100, a watan Yuli na 1941. Bai ga ƙarshen shekarar ba. Ernst Udet, wanda ya bi Richthofen da jirage 62 a yaƙin farko, yana riƙe da ofishin samar da jirage, aikin ya fi ƙarfinsa, ya kashe kansa a watan Nuwamba. Gwamnati ta yi ƙarya ta ce wajen gwajin sabon makami ya mutu. Mölders na kan hanyar zuwa jana'izar, a matsayin fasinja, jirgin ya faɗi da shi.

Tauraron Afirka

A watan Afrilu na 1941 aka tura wani saurayi ɗan Balin, Hans-Joachim Marseille, zuwa hamadar Libiya, inda sojojin Janar Rommel ke fafatawa da na Ingila. Shugabanninsa na baya sun gaji da rashin jin maganarsa da son shagali. A hamada kuwa sai ya zama wani abu dabam. Gwanintarsa ita ce harbi a cikin kwana, wato ya auna inda jirgin abokin gaba zai isa, ya aika harsashi can su haɗu, kuma da harsashi kaɗan yake gama aiki. An rubuta masa jirage 158, waɗanda 151 daga ciki a Afirka ta Arewa ne. Ranar 1 ga Satumba, 1942 kaɗai ya ce ya harbo 17. Jaridu suka sa masa suna Tauraron Afirka.

A nan akwai abin da ya shafe mu. Da yake tekun Bahar Rum ya yi wa jiragen ruwan Ingila haɗari, tun daga 1940 sai aka riƙa kawo jiragen yaƙi cikin akwatuna zuwa Takoradi a ƙasar Gana ta yanzu, a harhaɗa su a can, a taso da su ta Legas, da Kano, da Maiduguri, su ratsa Sudan har Alƙahira. Dubban jirage ne suka bi wannan hanya. Ke nan Marseille na harbowa ta gaba, ana cike gurbi ta baya, kuma wasu daga cikin jiragen da suka yi karo da rundunarsa sun sha mai a Kano.

Bugu da ƙari, kusan duk abin da ya harbo jiragen farauta ne irin nasa, masu jefa bam 'yan kaɗan ne a ciki. Alhali kuwa masu jefa bam ɗin su ne ke ƙone wa Rommel motoci da mai. A makon da ya yi rana mai 17 ɗin nan, Rommel ya kai hari a Alam Halfa, bama-bamai suka hana shi sakat, ya ja da baya. Ranar 30 ga Satumba, ana zaton wuta a maƙera sai ta tashi a masaƙa: ba wanda ya harbe shi, injin sabon jirginsa ne ya kama hayaƙi, ya yi tsalle zai sauka da laima, jikinsa ya bugi wutsiyar jirgin, laimar ba ta buɗe ba. Shekararsa 22. Gwiwar ƙungiyarsa ta yi sanyi har sai da aka janye ta daga fagen daga na wani lokaci. Bayan mako uku Ingila ta buɗe yaƙin El Alamein, wanda ya zama mafarin korar Jamus daga Afirka.

Hartmann Da Jirage 352

Mafi yawan manyan lambobin a gabas aka tara su. Ranar 22 ga Yuni, 1941 Jamus ta afka wa Tarayyar Sobiyet, a ranar farko kaɗai ta lalata jirage fiye da 1,000, yawancinsu a ƙasa. Runduna ɗaya mai lamba 52 ita ta fitar da manyan gwanaye uku na duniya: Günther Rall mai 275, da Gerhard Barkhorn mai 301, da Erich Hartmann mai 352.

An haifi Hartmann a 1922. Mahaifinsa likita ne, mahaifiyarsa kuwa matuƙiyar jirgi mara inji ce, ita ta fara koya masa tashi. Ya iso fagen daga a watan Oktoba na 1942, abokansa suka riƙa kiran sa Ɗan Yaro saboda ƙuruciyar fuskarsa. Karonsa na farko abin kunya ne: ya rabu da shugabansa, ya rikice, mai ya ƙare masa, ya sauka da cikin jirgi. Aka hukunta shi da kwana uku yana aiki tare da makanikai. Daga nan ya koyi darasi. Hanyarsa ita ce ya hango, ya auna ko harin zai yiwu, ya faɗa, ya fice. Ba ya son kokawa a sama, kuma ba ya harbi sai jirgin abokin gaba ya cika masa gilashi. Saboda wannan kusanci, sau da yawa tarkacen wanda ya harba ne ke lalata nasa jirgin, har ya yi saukar dole fiye da sau 10. A 1943 Rashawa sun taɓa kama shi, ya yi kamar ya ji ciwo, ya sami sarari ya tsere.

Ya tashi zuwa yaƙi sau 1,404, ya yi karo da abokan gaba sau 825. Jirginsa na ƙarshe ya harbo shi ranar 8 ga Mayu, 1945, ranar da Jamus ta miƙa wuya. Yana da shekara 23.

Ina Sirrin Yawan?

In muka raba 1,404 da 352, za mu ga Hartmann na samun jirgi ɗaya ne a kowane tashi huɗu. Kozhedub ya tashi sau 330, wato ɗaya a tashi biyar. Robert Johnson na Amurka ya harbo 27 a tashi wajen 90, wato ɗaya a tashi uku da ɗoriya. Ashe ke nan tazarar gwaninta ba ta kai yadda lambobin ke nunawa ba. Bambancin yana cikin wasu abubuwa.

Na farko, Ingila da Amurka sukan ƙayyade wa matuƙi wa'adi, kamar sa'o'i 200 ko 300 na yaƙi, sannan a mayar da shi gida ya huta ko ya koyar da sababbi. Da Bong ya kai 40 aka kira shi gida. Bajamushe kuwa ba shi da wa'adi, sai mutuwa, ko naƙasa, ko ƙarshen yaƙi. Rall an harbo shi sau 8, ya taɓa karyewa a baya, ya rasa babban yatsa, kuma kullum ya warke sai ya koma.

Na biyu, mafarauci ba ya kama abin da bai gani ba. Jamusawa su ne 'yan kaɗan a tsakiyar masu yawa, duk sanda suka tashi sai sun sami abin harbi, alhali a 1944 matuƙin Amurka na iya yin tashi goma bai ga jirgin Jamus ba. A gabas kuma filayen jirgi na kusa da fagen daga, mutum kan tashi sau uku ko huɗu a yini.

Na uku, a farkon yaƙin matuƙan Rasha ba su da isasshen horo, jirage da yawa ba rediyo, kuma Stalin ya karkashe hafsoshinsu da dama kafin yaƙi. Daga 1943 wannan ya sauya ƙwarai.

Na huɗu shi ne tsarin bibbiyu da muka ambata. Dukan ƙungiya takan yi aiki ne don gwani ɗaya ya ƙara lamba, kuma lambobin girma da ƙarin muƙami sun rataya a kan ƙirga. Da yake babbar lambar a wuya ake rataya ta, duk hafsan da ya cika kwaɗayinta sai sojoji su ce yana fama da ciwon wuya. Mataimaka da yawa sun mutu wajen yi wa shugabanninsu maganin wannan ciwo.

Na biyar, lambobin da'awa ce. Gaskiya ne Jamus na da tsarin tabbatarwa mai neman shaida, amma a cikin hayaƙi da gudu mutum biyu kan harbi jirgi ɗaya, wani kuma ya ga hayaƙi ya ɗauka ya kashe alhali jirgin ya koma gida. Masu binciken da suka gwada da'awar da takardun asarar ɗaya ɓangaren sun sha samun giɓi, har a ranar Marseille mai 17. Sai dai laifi tudu ne: ranar 15 ga Satumba, 1940 Ingila ta yi shelar harbo jirage 185, bayan yaƙi aka ga ba su wuce 60 da wani abu ba.

Manomin Da Ya Dake Iri

Manomin da yunwa ta sa ya dake irinsa ya yi tuwo, ya ƙoshi yau, amma damina za ta tona masa asiri. Haka Jamus ta yi. Gwanayen da ya kamata su koma makaranta su koyar an bar su a fagen daga, har malaman makarantun ma an riƙa kwasowa ana tura su. A farkon 1944 Amurka ta kawo jirgin farauta mai suna Mustang, wanda ke iya raka masu jefa bam har Balin ya dawo. Daga Janairu zuwa Mayu na wannan shekara Jamus ta yi asarar matuƙan farauta fiye da 2,000, kusan adadin duk waɗanda take da su a bakin aiki a lokaci guda. Sannan aka juya kan matatun mai, man jirgin da take samarwa ya faɗo daga wajen tan 175,000 a watan Afrilu zuwa ƙasa da tan 20,000 a watan Satumba.

Ba mai, ba horo. Sabon matuƙin Jamus kan iso fagen daga da sa'o'in koyon da ba su kai rabin na takwaransa na Amurka ba, da yawansu ba sa wuce tashi na goma. Masana'antu na ta fitar da jirage, amma ba masu tuƙa su. Ranar 1 ga Janairu, 1945 aka tara abin da ya rage aka kai wa filayen jirgin abokan gaba harin ba-zata, a ranar kaɗai aka rasa matuƙa fiye da 200. Galland, mai jirage 104, wanda ke shugabancin mafarautan tun ƙarshen 1941, ya yi ta jayayya da Göring har aka tuɓe shi. Ya tara ragowar gwanaye suka hau sabon jirgin jet, Messerschmitt 262, wanda ya fi jiragen da yake karo da su gudu, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe. Tsuntsun da ya ja ruwa, shi ruwa kan doka.

Wa Suka Yi Wa Aiki?

Bayan yaƙi an rubuta littattafai da yawa, wasu da alƙalamin matuƙan kansu, wasu na masu sha'awarsu, kamar tarihin Hartmann da wasu Amurkawa biyu suka wallafa a 1970. Irin waɗannan littattafai sun nuna su tamkar barade masu tsabtar hannu, waɗanda ba ruwansu da siyasa. Ba a musun cewa an sami halin kirki a wurin wasunsu. Alal misali, Marseille ya yi abota da wani fursunan yaƙi baƙar fata ɗan Afirka ta Kudu, Mathew Letuku, a lokacin da aƙidar gwamnatinsa ke ɗaukar baƙin mutum a bakin komai.

Amma duk da haka, jirgin farauta aikinsa share wa masu jefa bam da tankoki hanya, kuma hanyar da aka share ita ce ta yaƙin da ya ci rayuka wajen miliyan 27 a Tarayyar Sobiyet, ta kuma ba da damar hallaka Yahudawa miliyan 6. Sojojin wannan gwamnati ne a 1940 suka karkashe ɗaruruwan baƙaƙen sojojin Afirka na rundunar Faransa bayan sun miƙa wuya. Su kansu jiragen Messerschmitt, a shekarun ƙarshe fursunonin sansanonin azaba irin su Flossenbürg da Gusen ne ke ƙera sassansu, ana aikin ana mutuwa. Daga hannun Hitila kuma manyan gwanayen suka riƙa karɓar lambobinsu.

Bayan Yaƙi

Hartmann ya miƙa kansa ga Amurkawa, su kuma suka damƙa shi ga Rasha. Ya yi shekara 10 a tsare, aka sako shi a 1955, ya shiga sabuwar rundunar sama ta Jamus ta Yamma. Ya yi ta sukar sayen jirgin Starfighter na Amurka, yana cewa matuƙansu ba su shirya masa ba, abin da ya jawo masa baƙin jini har ya yi ritaya a 1970. Kusan kashi ɗaya bisa uku na jiragen nan faɗuwa suka yi, matuƙa fiye da 100 suka mutu. Ya rasu a 1993, kuma a 1997 Rasha ta wanke shi daga hukuncin da aka yanke masa. Rall ya zama shugaban rundunar daga 1971 zuwa 1974.

Wani daga cikinsu ma ya zo har gidanmu. Jamus ta Yamma ce ta taimaka wajen kafa rundunar sojan sama ta Nijeriya, wadda aka yi dokarta a 1964. Shugabanta na farko Bajamushe ne, Kanar Gerhard Kahtz, na biyu kuwa Kanar Wolfgang Thimmig, mafaraucin dare a yaƙin Hitila, wanda ya harbo jirage fiye da 20. Ya bar aikin bayan juyin mulkin watan Janairu na 1966.

Ita kanta Jamus ta daɗe tana auna yadda za ta tuna da mutanen nan. Har yanzu akwai rukunonin sojan sama masu sunan Richthofen da Boelcke da Immelmann, na yaƙin farko. Amma a 2005 an cire sunan Mölders saboda rawar da ya taka a Sifen, a 2021 kuma aka sauya sunan barikin da ke ɗauke da sunan Marseille.

Kammalawa

A taƙaice dai, mutanen nan sun iya aikinsu, kuma kowa ya ci zomo ya ci gudu. Sai dai yaƙin sama ya dogara ne ga mai, da masana'anta, da makaranta, da yawan matsakaitan matuƙa masu isasshen horo, kuma a nan ne aka kayar da Jamus. Waɗanda suka mayar da gwanayensu gida su koyar sun sami dubban matuƙa masu jirgi biyu ko uku kowane, jimillarsu ta rinjayi ta 'yan ɗaruruwan gwanaye. Hausawa sun riga sun faɗa, sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi.

Saboda haka, 'yan'uwa, duk sanda muka ci karo da lamba 352, mu tuna cewa a cikin kowane ɗaya akwai jirgin da ya kama wuta, a cikinsa kuma akwai ɗan wani, wanda galibi ko sunansa littattafan ba su kawo ba. Wanda zai ba da labarin jarumi, ya kamata ya tambaya wa ya yi ƙirgar, wa ya tsare masa baya, kuma wa aka yi wa aikin. Allah Ya kiyashe mu da fitinar yaƙi, amin.